Gadar Tay da sauran gadojin dogo da suka faɗi a Sikotlan: da wane littafi za a fara?

Autan Zaure: Assalamu alaikum iyayena da yayyena. Ina neman a ɗora ni a hanya game da abin karantawa kan faɗuwar gadar jirgin ƙasa ta kogin Tay a 1879, da kuma tarihin garuruwan da ke gefenta, wato Dundee da ƙauyukan Fife. Littattafan suna da yawa, kowanne kuma da abin da yake cewa ya kayar da gadar. Da wanne ya kamata a fara? Kuma akwai wasu gadojin dogo da suka faɗi a Sikotlan bayan wannan?

Baban Khadija: Wa alaikumus salam, Auta. Kafin ka sayi littafi ko ɗaya, nemi rahoton kotun binciken da gwamnati ta kafa, wanda ya fito a tsakiyar 1880. Yana nan kyauta a shafin Railways Archive. Duk marubutan da suka biyo baya daga wannan rijiya suka ɗebo, don haka in ka san ta, za ka gane inda kowa ya ƙara ruwa.

Abin lura na farko: rahoton biyu ne a haɗe. Mutum uku suka zauna, Henry Rothery, Kanar William Yolland babban sufeton layukan dogo, da William Henry Barlow shugaban ƙungiyar injiniyoyin gine-gine. Yolland da Barlow sun rubuta nasu tare, suka ce ƙarafan da aka gicciya tsakanin ginshiƙai da mahaɗansu ba su da ƙarfin jure iskar daren. Ba su ɗora wa mutum laifi ba, a ganinsu wannan ba hurumin kotun ba ne. Rothery ya ƙi, ya rubuta nasa shi kaɗai, ya ce an yi kuskure a zane, an yi a gini, an yi a kulawa, kuma mafi yawan nauyin yana wuyan Thomas Bouch, wanda ya zana gadar. Littattafai da yawa suna ɗauko kalaman Rothery kamar hukuncin kotun baki ɗaya ne. Ba haka ba ne.

Bayan rahoton sai ka ɗauki The Fall of the Tay Bridge na David Swinfen, na 1994, an sake fitar da shi da ƙari a 2016. Ya koyar da tarihi a Jami'ar Dundee, ba ya gaggawar yanke hukunci, kuma ya san garin.

Maman Ummi: Baba ya yi daidai, sai dai ina tsoron a jefa yaro cikin rahoton gwamnati tun bai san waye wane ba. Ni shawarata ya fara da The High Girders na John Prebble, na 1956. A kwana biyu zai gama shi, ya fito da hoton daren a kansa: Lahadi 28 ga Disamba 1879, jirgin da ya taso daga Burntisland, an karɓi tikiti a tashar St Fort, ya iso ɗakin mai ba da hannu a Wormit wajen ƙarfe 7:13 na dare, aka miƙa wa ma'aikatan injin sandar izinin shiga layi. Thomas Barclay ne mai ba da hannun, tare da shi akwai John Watt, ma'aikacin gyaran layi, wanda ya tsaya a taga yana kallon fitilun bayan jirgin. Ya ga tartsatsi daga ƙafafun, sai wani haske, sai duhu. Da Barclay ya gwada wayar da ta haɗa shi da ɗakin da ke ɗaya ƙetaren, ta mutu.

Amma a riƙe Prebble a matsayin mai ba da labari. Yana sa wa mutane magana da tunani a baki a wuraren da shaida ba ta kai ba. Duk abin da za ka kafa hujja da shi, koma ka duba shi a shaidun kotun. Kowace tambaya da aka yi wa mai shaida tana da lambarta, don haka bin sawu ba wuya.

Baban Khadija: Na yarda, 'yata. Prebble, sannan rahoto, sannan Swinfen.

Injiniya: Auta, kowane littafi ka ɗauka, ba za ka fahimci gardamar ba sai ka san sassan gadar. Bari in shimfiɗa maka.

Tsawonta kusan mil 2, layi ɗaya tal, gaɓoɓi 85, wato sassan da ke tsakanin ginshiƙi da ginshiƙi. A yawancinsu jirgi yana tafiya ne a saman ƙarfen. A tsakiyar kogi kuwa, inda jiragen ruwa masu zuwa Perth ke wucewa, an ɗaga gaɓoɓi 13 sama har ƙafa 88 daga ruwa, jirgin yana bi ta cikinsu kamar cikin keji. Guda 11 tsawonsu ƙafa 245 kowanne, guda 2 ƙafa 227. Waɗannan 13 ɗin ne suka faɗi gaba ɗaya, da ginshiƙansu.

Asalin zanen Bouch ginshiƙan bulo ne a kan dutsen ƙasan kogi. Da aiki ya yi nisa sai aka gano masu haƙan gwaji sun yi kuskure: abin da suka ɗauka dutse ne ashe dunƙulalliyar tsakuwa ce, dutsen yana can ƙasa sosai. Dole aka rage nauyi. Sai ya mai da ginshiƙan na bututun ƙarfen zubi, ya kuma faɗaɗa tazarar da ke tsakaninsu. Kowane ginshiƙi a ƙarƙashin manyan gaɓoɓin bututu 6 ne a tsaye, biyu masu faɗin inci 18, huɗu masu inci 15, an ɗora su hawa 7. Abin da ke hana su karkata shi ne sandunan ƙarfen ƙira da aka gicciya tsakaninsu.

To nan ne ciwon yake. Kowace sanda an ɗaure ta da bol a jikin wani kunne, kunnen kuma tare aka zuba shi da bututun. Ƙarfen zubi yana jure danniya ƙwarai, amma in ana jan sa, ba ya lanƙwasa ya yi maka gargaɗi, karyewa yake yi kamar tukunyar ƙasa. Kunnen kuwa aikinsa kenan, a ja shi. Sannan ramin bol ɗin ba da injin huji aka huda shi ba, a wurin zubi aka bar shi, sai ya fito da baki ɗaya ya fi ɗaya faɗi. Bol mai inci 1 da kashi ɗaya cikin 8 a ramin inci 1 da kwata, ba ya zama daram, gefe guda kawai yake cizo. Duk nauyin sai ya taru a ɗan wuri kaɗan. David Kirkaldy, mai ɗakin gwajin ƙarfe a Landan, ya ja irin waɗannan kunnuwa don kotun, suka karye a wajen tan 20, ƙasa sosai da abin da aka yi lissafi.

Sarkin Maƙera: Injiniya, bari in ƙara a kan zubin, domin wannan ɓangaren na shaidun shi ya fi tayar da hankali. An kafa wurin zubi a Wormit, bakin gadar, a hannun 'yan kwangila Hopkins Gilkes na Middlesbrough, waɗanda suka karɓi aikin bayan rasuwar ɗan kwangilar farko Charles de Bergue a 1873. Masu zubin da kansu sun faɗa wa kotu abubuwa uku.

Na ɗaya, kaurin bututun ba ya daidaita. In ƙullin da ke tsakiyar mazubi ya goce, gefe ɗaya ya yi kauri, ɗayan ya yi siriri, daga waje kuma ba mai gani. Na biyu, in kunne bai fito cikakke ba, sai a sake kafa mazubi a wurin a kwarara narkakken ƙarfe a kai don ya manne. Sabon ƙarfe mai zafi a kan tsoho mai sanyi ba sa zama abu ɗaya, kuma wurin sanyaya yana iya tsagewa. Na uku shi ne wanda kowa ya sani, ƙwan Beaumont: kakin zuma da ƙaro da garin ƙarfe da baƙin fitila, a narka a cusa a ramin da iska ta bari a jikin zubi, a goge da dutse. In an shafa fenti, sai ka rantse ƙarfe ne.

Sai dai ina jan kunnen mai karatu. Labarin kakin yana da daɗin faɗa, shi ya sa marubuta ke kambama shi. Henry Law, injiniyan da kotu ta sa ya binciki ɓaraguzan, ya fi mai da hankali ne a kan kunnuwan da ramukan bol. Ko da zubin ya fito sumul, tsarin kunnen kansa rauni ne.

Autan Zaure: Na gode, Baba Sarki. To in haka ne me ake gardama a kai? Ai kamar magana ta ƙare.

Injiniya: Gardamar a kan abin da ya fara sakewa ne a daren. Ra'ayi uku ne, kowanne da inda za ka karanta shi.

Na farko, iska ce. Tom Martin da Iain MacLeod sun buga maƙala a 1995 a mujallar ƙungiyar injiniyoyin gine-gine ta Birtaniya, suka sake lissafin ginshiƙin da kwamfuta. Abin da suka nuna shi ne iskar da ta bugo daga yamma, a daidai gefen gadar, da jirgi a cikin keji yana ƙara mata abin turawa, ta isa ta ɗaga ƙafar ginshiƙin da ke ɓangaren iska. Ƙafafun an ɗaure su ne a sahun duwatsu biyu na sama kawai. Da ƙafa ta ɗaga, nauyi ya koma kan sandunan gicciye, kunnuwa suka bi juna.

Na biyu, gajiyar ƙarfe. Wannan shi ne littafin Peter Lewis na 2004, Beautiful Railway Bridge of the Silvery Tay. Ya ɗauki hotunan da aka ɗauka don kotun, ya faɗaɗa su, ya bi karyayyun kunnuwan ɗaya bayan ɗaya. Hujjarsa ita ce gadar ta daɗe tana girgiza duk lokacin da jirgi ya wuce, kunnuwan suna tsagewa a hankali, iskar daren ta tarar da abin da ya riga ya lalace ne.

Na uku, jirgin ne ya sauka daga layi ya doki kejin. Wannan ita ce kariyar da Bouch ya kawo a gaban kotu, cewa taragon masu tikitin daraja ta biyu, wanda ba shi da nauyi, iska ta karkatar da shi. Bill Dow, tsohon malamin kimiyya a Dundee, ya farfaɗo da ra'ayin daga baya, yana danganta shi da wata gaɓa da iska ta jefa ruwa tun ana gini a Fabrairu 1877, aka tsamo ta aka miƙe aka mayar.

Ni na fi karkata ga na farko, amma ba ya tsayawa sai da shaidar da Lewis ya tattara a kan lalacewar mahaɗan.

Malam Na-Dogo: Injiniya, a nan zan ɗan saɓa maka. Kana ba lissafi fifiko, alhali ba wanda ya auna iskar a kan gadar a wannan dare. Abin da ake da shi ƙiyasi ne, irin na jami'an jirgin ruwan horar da yara mai suna Mars da ke tsaye kusa, waɗanda suka sa ta a 10 zuwa 11 a ma'aunin ƙarfin iska na Beaufort. Injiniya Benjamin Baker, wanda ya ba da shaida a ɓangaren Bouch, ya zagaya ya duba tagogi da rufin gine-ginen bakin kogin, ya ce iskar ba ta kai yadda ake faɗa ba. Kwamfuta kuwa abin da ka ba ta shi za ta dafa maka.

Shaidar yadda aka tafiyar da gadar ita ce ba ta da ƙiyasi. Manjo Janar Hutchinson, sufeton layukan dogo na gwamnati, ya duba ta a Fabrairu 1878, ya ce kada jirgi ya wuce mil 25 a awa a kanta, ya kuma rubuta cewa zai so ya ga yadda take yi in jirgi na kai ana iska mai ƙarfi. Wannan gwajin ba a yi shi ba. Fasinjoji sun shaida cewa jiragen da ke gangarowa zuwa Dundee suna wuce wannan iyaka, har wani tsohon shugaban birnin ya riƙa auna su da agogonsa. Masu fenti da suka yi aiki a kanta a 1879 sun ce tana rawa gefe da gefe in jirgi ya shigo.

Sai kuma Henry Noble, wanda aka ba kula da gadar. Gwaninsa bulo da harsashi ne, ba ƙarfe ba. Kowace sandar gicciye ana ɗame ta ne da weji biyu na ƙarfe da ake bugawa a wata tsaga. Ya ji suna ƙara in jirgi ya wuce, alamar sun saki. Maimakon a sake bugun wejin a ja ginshiƙin ya koma daidai, sai ya sayo ƙarfe ya yanka ƙanana ya cusa a gibin. Ƙara ta ɗauke, amma sandar ta zauna a sake, ginshiƙin kuma a karkace in ya riga ya karkata. Bai sanar da Bouch wannan ba. Mutumin ba mugunta ya yi ba, an ba shi aikin da ba nasa ba ne.

Injiniya: Ban musa ko ɗaya ba, Malam. Amma ka tuna Bouch da bakinsa ya amsa cewa bai ware wani lissafi na musamman don iska a wannan gada ba. Shawarar da ya dogara da ita, ta laba 10 a kan kowace murabba'in ƙafa, George Airy masanin taurarin masarauta ne ya ba da ita, kuma don gadar Forth da Bouch ke shiryawa ce, mai dogayen gaɓoɓi. A lokacin injiniyoyin Faransa da Amurka suna lissafi da laba 50 ko fiye. Bayan hatsarin, kwamitin 1881 ya sa doka a laba 56. Tazarar da ke tsakanin 10 da 56 ta isa ta nuna maka inda aka baro daidai.

Malam Na-Dogo: Wannan gaskiya ne. Abu ɗaya da zan ƙara wa Auta: da masu nutso suka sami jirgin, yana cikin kejin, maƙurar tururin injin a buɗe, ba a taka birki ba. Direban bai ga komai ba kafin abin ya faru. Injin ɗin, mai lamba 224, an tsamo shi aka gyara, ya yi aiki har 1919.

Maman Ummi: A kan adadin mamata a yi hattara. Waƙar William McGonagall ta ce 90, wannan ba daidai ba ne. Kotu ta yi ƙiyasin 75 daga tikitin da aka karɓa da masu tikitin wata-wata da ma'aikata. Gawa 46 aka samu. Waɗanda aka yi wa rajistar mutuwa da sunansu 59 ne, kuma su aka rubuta a duwatsun tunawa da aka buɗe a Wormit da Dundee ranar 28 ga Disamba 2013. In za ka rubuta, faɗi adadin tare da inda ya fito. Rajistar tana ScotlandsPeople, shafin takardun rajistar mutanen Sikotlan, neman suna kyauta ne, ganin hoton takardar ne ake biya.

Ga tarihin garuruwan kuwa, a Sikotlan ana bin sa ne ta gundumar coci, ba ta sunan ƙauye ba. Wormit da Newport suna cikin gundumar Forgan, don haka Forgan za ka nema. Fara da Statistical Accounts of Scotland: na farko Sir John Sinclair ya tattara tsakanin 1791 da 1799, juzu'i 21, limamin kowace coci ya rubuta bayanin gundumarsa, noma da albashi da hanyoyi da wuraren fito. Na biyu ya fito tsakanin 1834 da 1845. Duka suna intanet. Sun riga gadar, kuma amfaninsu kenan, za ka ga yadda rayuwa ta rataya a kan jirgin fito kafin ta zo. Don bayanta sai Ordnance Gazetteer of Scotland na Francis Groome na shekarun 1880. Sannan ka buɗe shafin taswirori na Babban Laburaren Sikotlan, inda ake jera tsohuwar taswira da ta yau gefe da gefe. Hotunan ɓaraguzan da Lewis ya yi aiki da su ma suna wurinsu.

Jaridun Dundee Courier da Dundee Advertiser suna British Newspaper Archive. Na kwana biyun farko cike suke da jita-jita, har an buga cewa ɗaruruwa ne suka mutu. Rahotanninsu na zaman kotu su ne masu amfani.

Baban Khadija: Kuma don sanin dalilin da ya sa aka matsa a yi gadar da araha, karanta Battle for the North na Charles McKean, na 2006. Kamfanin jirgin ƙasa na North British, mai gadar, yana fafatawa da kamfanin Caledonian a kan hanyar arewa. Fasinjan North British daga Edinbara sai ya hau jirgin fito sau biyu, daga Granton zuwa Burntisland, sannan daga Tayport zuwa Broughty Ferry, yayin da abokin hamayya ke zagayawa ta Perth a kan tudu. McKean yana sassauta wa Bouch, yana ganin kamfanin ya sha da sauƙi. Ka karanta shi da rahoton Rothery a buɗe kusa da kai. Bouch dai Sarauniya Biktoriya ta ba shi sarautar Sir a Yuni 1879 bayan ta haye gadar, ya rasu a Moffat a Oktoba 1880.

Malam Na-Dogo: Saura tambayarka ta biyu, Auta. Waɗannan ba su da littafi na kansu irin na Tay, rahoton sufeto da jaridun yankin za ka bi.

Inverythan, 27 ga Nuwamba 1882, tsakanin Auchterless da Fyvie a layin Great North of Scotland. Ƙaramar gada ce a kan hanyar mota ta yanzu, ba ta kai ƙafa 40 ba, an yi ta da ƙarfen zubi gida biyu da aka haɗa da bol a tsakiya. Injin ya haye, ƙarfen ya karye ƙarƙashin taragun da ke biye, mutum 5 suka mutu. Manjo Marindin, sufeton da ya yi binciken, ya sami babban rami ɓoye a cikin zubin kusa da mahaɗar, wanda ido ba zai taɓa gani ba. Karanta wannan nan da nan bayan Tay, cuta ɗaya ce. Ba a tashi tsaye wajen cire irin waɗannan gadoji ba sai bayan ta Norwood Junction a Landan ta karye a 1891.

Sauran duk ruwa ne. Rafin Baddengorm kusa da Carrbridge, 18 ga Yuni 1914: ruwan sama kamar da bakin ƙwarya a kan tsaunuka, tarkace ya toshe rafin a sama, ya ɓalle lokaci ɗaya, ya ci gindin gadar da jirgin kamfanin Highland a kanta, mutum 5 suka nutse. A 12 ga Agusta 1948 ambaliya ta share gadoji 7 a babban layin gabas a Berwickshire. Gadar kogin Ness a Inverness ta rushe a Fabrairu 1989, ba jirgi a kai, amma ta yanke layukan arewa mai nisa har 1990. Sai Lamington a kan kogin Clyde, ƙarshen Disamba 2015, inda ruwa ya rarake ƙarƙashin ginshiƙi jirage suna ta wucewa kafin a rufe. Rahoton RAIB, hukumar binciken haɗurran jirgin ƙasa ta Birtaniya, a kan wannan shi ne mafi sauƙin bayani a kan yadda ruwa ke cin harsashi daga ƙasa alhali sama tana nan lafiya lau.

Red for Danger na L.T.C. Rolt, na 1955, zai haɗa maka tsofaffin haɗurran Birtaniya a wuri ɗaya, amma a taƙaice yake bi.

Injiniya: In ka gama, duba hotunan sabuwar gadar Tay ta 1887, wadda Barlow ɗin nan na kotu ya zana da ɗansa Crawford, William Arrol ya gina. Layi biyu ce, ginshiƙanta masu faɗin gindi, an kuma sake amfani da gaɓoɓin tsohuwar da ba su faɗi ba. Kututturan tsofaffin ginshiƙan suna nan jere a gefenta cikin ruwa, kwatanta faɗinsu da na sababbin. Kamfanin Arrol ɗin ne ya gina gadar Forth ta 1890, shi ne kuma ya gina gadar dogo ta Makurɗi a kan Binuwai da aka buɗe a 1932.

Autan Zaure: Allah ya saka da alheri, ya ƙara girma. Na sauke rahoton, Prebble kuma zan nema. Maman Ummi, bugun Swinfen na 1994 zai wadatar, ko sai na 2016?

Maman Ummi: Nemi na 2016, ƙanena. Na 1994 ya riga maƙalar Martin da MacLeod da littafin Lewis fitowa, don haka ba za ka sami gardamar da Injiniya da Malam suka yi yanzu a cikinsa ba.